Fuskata a Cikin Murfin Akwati

Bara maƙwabcina ya mutu, kuma tun ranar ban ji wanda ya faɗi gaskiya a kansa ba. Masu zaginsa sun yi shiru don kunyar kabari, masu yabonsa kuma sun yi ta goge shi suna gyarawa har ni ma ban gane shi ba. Wai wani bawan Allah ne mai son jama'a. To, ɗan daudu ne. Na rubuta, wanda bai so ba ya rufe littafin. Shekara ashirin da ɗoriya fallen kwano ɗaya ne ya raba ɗakina da gidansa a Karantina, can bayan tashar jiragen ruwa ta Jidda. Tarinsa ma ina ji. Saboda haka ba wanda zai zo yau ya koya mini shi. Karatuna ba yawa. Allo na ajiye shi ban kai rabi ba, boko kuwa wani malamin awo ne ya koya mini a gonar auduga a Sudan, shi ma don in riƙa duba masa lambar buhu. In rubutun ya karkace, haka mai shi yake.

Ni maƙeri ne ɗan maƙera, daga ƙasar Gobir. Na baro gida tun Turawa na mulki, wani wuri da ƙafa wani wuri a bayan mota, na shekara uku a Sudan ina cirar auduga, sannan na tsallako teku. Na yi hajji, na ce bari in ɗan tsaya in sami abin komawa da shi. Ban samu ba. A Jidda ba mai neman fartanya, sai na koma ƙera akwatunan kwano, irin waɗanda alhazai ke cikawa da dabino da tasbaha da darduma in za su koma gida.

Shi kuma abinci yake sayarwa, tuwo da miyar kuka da waina, a tsakar gidansa. A cikin gida zane yake ɗaurawa a ƙirji, ga lalle ga kwalli, in yana magana hannunsa ya fi bakinsa aiki. Irinsa da ke taruwa wurinsa Uwa suke ce masa, suna kiransa da ke. Ni ban taɓa ba. Alhaji nake ce masa, don na san yana jin haushi. In zai shiga Balad, tsohuwar kasuwar cikin gari, sayen fulawa sai ya zura farar jallabiya, ya wanke kwallin, ya daddage yana tafiya irin ta maza, wadda ko makaho ba za ta ruɗa ba. Akwai wani Bahaushen Sudan, direban babbar mota, da ke sauka gidansa duk sanda ya shigo gari. Ana cewa ɗan'uwansa ne. Na san abin da na sani, kowa ma ya sani, ba kuma shi na zauna rubutawa ba. Allah ne mai hisabi, ni akwati nake ƙerawa.

Abin da ke ba ni haushi shi ne, duk Karantina ba wanda bai ci moriyarsa ba. Wanda ya sauko daga jirgi ya ɓace wa ayarinsu, gidansa ake kai shi. Mace ta tashi haihuwa ba iƙama, wato takardar zama, ba ta isa ta je asibiti ba, shi ya san unguwarzoma. Shi ya san Balaraben da ke neman mai dafa abinci, da kafili, mai tsaya wa baƙo wurin hukuma, wanda ba ya riƙe wa mutum takarda. Manyan tukwanensa kuwa ba suna ko zaman makoki da ba su je ba. Amma in ya haɗu da masu aron tukwanen a bakin masallaci, sai kowa ya sunkuya neman takalminsa.

Zanen ya faro ne daga akwatunana. Alhazanmu ba su karatu, a tasha kuma akan jibge akwatuna ɗaruruwa duk iri ɗaya, sai faɗa. Shi ya fara yi musu alama a baya: wannan tulu, wancan gatari, wancan itacen kuka. Ragowar fentin jirgi yake karɓa wurin ma'aikatan tasha, buroshinsa kuwa asuwaki ne da ya tauna bakinsa. A bayan akwati ba ya zana mai rai, don 'yan hisba masu sandar nan da ke zagaye kasuwa ba su ɗaukar wannan da wasa.

Mai ran a ciki yake zana shi. Garin nan cike yake da mutanen da suka baro gida shekara goma, sha biyar, ba su aika ko gaisuwa ba. Ba su iya rubutu ba, gidan hoto kuma wanda ba shi da takarda ba ya shiga, don gani yake hoton a hannun hukuma zai ƙare. Sai Alhaji ya zaunar da mutum a kan turmi, ya zana fuskarsa a cikin murfin akwatin wani alhaji ɗan yankinsu. In ya bushe ya shafa ƙullun fulawa ya manna ƙyallen atamfa a kai, ka ce ado ne. Ya cika wa mai akwatin ciki da tuwo, ya sa shi rantsuwa cewa in ya isa gida zai jiƙa ƙyallen ya ɓare, ya jingine murfin a kasuwa ranar da take ci. Wanda ya gane nasa ya yi magana. Baɗi in sababbin alhazai sun zo, amsa ta zo da su.

Zanen ba kyau, in gaya muku gaskiya. Kai kamar ƙwarya, wuya kamar muciya. Amma yana ƙirga tsagar fuska ɗaya bayan ɗaya, ba ya manta wushirya ko tsagaggen kunne ko hakiyar ido, kuma akwai wani abu da yake yi wa baki wanda in uwar mutum ta gani sai ta zauna a ƙasa. Sau ɗaya aka kama shi, wani ƙyalle ya ɓare a wurin bincike. Ya sha bulala, aka jefa shi jirgi zuwa Sudan. Bayan wata bakwai na ji tari ta bayan kwano.

Ni ma ya dame ni. "Maƙeri, zo zauna in zana ka. Wannan mugun fuskar ai ba ta cin fenti."

"Alhaji, ka fita harkata."

Ina da dalili. Na baro mata a gida, na ce mata shekara biyu. Da biyun ta zama biyar kunya ta hana ni aike, da ta zama goma na ga gara su ɗauka na mutu. Sau ɗaya na faɗa masa wannan, lokacin da zazzaɓi ya kwantar da ni yana ɗura mini kunu, har da sunan kasuwar garinmu. Wannan ne kuskurena. Kada ka yi zazzaɓi kusa da mai kunne.

A shekarata ta sha huɗu da barin gida, alhazai sun fara sauka, ina bakin aiki da hantsi ina buga kwano, sai wani tsoho ya tsaya a kaina. Tsagar Gobirawa ce a fuskarsa. Bai yi sallama ba. Yana kallona yana motsa baki, ashe ƙirga tawa tsagar yake yi. Da ya zo kan tabon wutar da ke girata ta hagu sai ya ce, "La'ilaha illallahu. Shi ne."

Na ce, "Baba, lafiya?"

"Ina fa lafiya, ɗan nan. Kana raye ka bar mu cikin wannan masifa?"

Na ba shi wuri ya zauna, ya warware mini. Shi yayan mutumin da ya auri matata ne. Shekaru da suka wuce wani ya komo daga Sudan ya rantse ya ga kabarina. Aka yi mini addu'a, ta yi takaba, ta auri ƙanensa, 'ya'yansu huɗu. Bara wani alhaji ya jingine murfin akwati a kasuwarmu, ƙanwata ta zo sayen gishiri, ta gani, ta kurma ihu. Magana ta kai ga liman. Liman ya ce tunda ba alƙali ne ya raba auren ba, labarin mutuwa ne kawai, kuma ga mamacin da rai, to igiyata na nan, bai halatta ta ƙara kwana a gidan wancan ba. Wata goma ke nan tana zaune gidan wanta da na goye, sauran ukun suna wurin ubansu, unguwa ɗaya, tana jin kukansu ta katanga. Ko in koma in ɗauki matata, ko in ba tsohon nan takardar saki ya tafi da ita bayan hajji. In jirginsu ya tashi ba takarda, sai ta ƙara shekara.

Ban san sanda na shiga gidan Alhaji da guduma a hannu ba. Yana tuƙa tuwo.

"Wa ya sa ka?"

"Wuuu, ni 'yasu! Maƙeri, ajiye gudumar, tukunyar aro ce."

"Na ce wa ya sa ka zana ni?"

Ya gane. Ya saki muciyar. Ashe da ka ya zana ni, ban zauna masa ba, ya manna ƙyallensa, ya miƙo mini murfin. Ni da hannuna na haɗa shi da akwatin na buga masa ƙusa. Da na faɗa masa abin da zanen ya jawo sai ya zauna a kan turmi, ya dafe ƙirji, tuwo na ƙonewa bai kula ba.

Can ya ce, "Na yi ɓarna. Wallahi uwarka na tuna, ban tuna da aure ba. Wannan nawa ne, na ɗauka." Ya share ido da bakin zane, kwalli ya ɓata masa kunci. "Amma ba ni na ajiye 'yar mutane shekara sha huɗu ba, Maƙeri. Wannan naka ne. Yaushe za ka rubuta?"

Na ce ba ruwansa, na fita.

Yanzu ga abin da ban taɓa gaya wa kowa ba. Daɗi na ji. Mutumin da ba shi da komai sai guduma da tabarma, rana ɗaya aka ce masa yana da mata, liman ma ya tabbatar. Na ce wa tsohon ya tafi Makka ya yi aikinsa, in ya dawo zai same ni a shirye, tare za mu tafi. Har Balad na shiga na sayi turmin zane. Ina buga kwano ina tsara yadda zan sauka a kasuwarmu ana nuna ni. 'Ya'ya huɗun nan ko sau ɗaya ban sa su a lissafina ba.

Alhaji kuwa ya hana ni sakat. Da safe ta bayan kwano: "Ango, an tashi lafiya? Da wace takardar za a hau jirgin?" Da rana ya aiko tuwo, ya biyo bayansa: "In ka isa a ɗakin wa za ka sauke ta? Naka ai ya rushe tun ana yayin kwabo mai huji." Na zage shi, zagin da ba zan rubuta ba. Ya tafa hannu ya ce, "Ahayye! Wannan ai tun ina budurwa ake gaya mini shi. Nemo sabo." Mako uku muna haka. Na daina cin tuwonsa, na koma cin burodi da wake a shagon wani Bayamane, cikina ya kumbura.

Ranar da aka ce alhazai sun fara gangarowa daga Makka, ya shigo rumfata da la'asar. Jallabiya ce a jikinsa, ba kwalli. Ya ɗauki sabon murfi daga cikin nawa, ya zauna, ya buɗe gwangwanin fenti.

"To, na yarda, tafi za ka yi. Amma shekara sha huɗu da yawa, kada ka sauka ka rungumi matar wani a kasuwa. Faɗa mini kamanninta in zana maka, ka riƙe a hanya."

Na ce ba na wasa da shi.

"Ni ma ba wasa nake ba. Yalla, mu je. Fara ce ko baƙa?"

"Tsaka-tsaki."

"Tsagarta nawa?"

Na fara ƙirgawa da yatsu, lissafin ya ɓace mini.

"Tana da wushirya?"

Na buɗe baki in ce e, sai na ga ƙanwata ce mai wushirya. Na nemi fuskar matar nan a kaina, na juya ta ko'ina. Na tuna wani shuɗin zane. Na tuna in za ta yi atishawa sai ta yi uku a jere. Fuska babu. Yana zaune da asuwaki a hannu, fenti na ɗiga a ƙasa, yana jirana, kuma jiran nan ya fi duk habaicinsa ciwo. Na fi son ya zage ni.

Na ce, "Halas, ya isa. Rufe gwangwanin."

Bai yi mini dariya ba, wannan na ba shi. Don in huce na ce, "To wa zai yi shaida? Kai da 'yan matanka?"

"Ni na san inda shaidata ta tsaya, ba ta wuce bakin ƙofar nan. Masu gemu zan kawo maka."

Washegari da hantsi sai ga limamin zawiyarmu da wani tela mai yawan azumi, mutum biyu da ban taɓa ganin sun taka gidansa ba. Yadda ya kawo su ban tambaya ba, amma na san wanda ya ɓoye ɗan 'yar'uwar liman wata biyu a bayan buhunan fulawa lokacin da ake kame. Suka tsaya a bakin ƙofa kamar masu jiran a kore su. Aka shimfiɗa musu tabarma rabi ciki rabi waje. Tsohon ma ya dawo, kansa a aske, ya zauna gefe yana jan tasbaha.

Liman ya fito da takarda da tawada ya ce, "Saki nawa?"

Kafin in yi magana murya ta fito daga bayan tukwane: "Allah gafarta Malam, wanda ba kome a cikinsa. Na san halin maƙerin nan, gobe sai ya ce ya mayar."

Liman bai juya ba. "Ba da kai ake ba."

"Na yi shiru. Amma a sa ranar yau a jiki, kada a can su fara ƙirga mata idda daga ranar da takarda ta isa."

"Na ce ba da kai ake ba!" Ya ja tsaki, ya tsoma alƙalami, ya rubuta ranar.

Na faɗi kalmar sau uku. Ban zaci za ta yi nauyi ba, matar da ko fuskarta ban riƙe ba, amma ta ukun sai da tela ya ce in ɗaga murya. Suka sa hannu. Tsohon ya kama hannuna biyu yana ta sa mini albarka, abin ya ƙara ba ni haushi, don ban ga abin albarka ba. Aka kawo waina. Liman ya ce shi a ƙoshe yake, ya ci bakwai. Takardar aka ɗinke ta cikin fata kamar laya, tsohon ya rataya a wuya, bayan kwana huɗu jirginsu ya tashi. Turmin zanen na ba shi ya kai wa ƙanwata.

Tun daga shekarar Alhaji ya canza aiki. Duk wanda ya zo a zana shi, kafin ya hau turmi sai ya amsa tambaya: ka bar mace? In ya bari, to ko ya aika mata ranar komawa, ko ya aika mata takarda, in ba haka ba ba zane ba tuwo. Maza suka yi ta zaginsa, wai ɗan daudu ya zama alƙali. Amma duk shekara bayan hajji liman na zuwa ya zauna a tabarmar nan rabi ciki rabi waje, yini guda yana rubutu. Mata nawa aka kwance ta haka, ban ƙirga ba. Yanzu jirgin sama ya kwashe alhazai, akwatin kwano ya zama abin dariya, mutane kaset suke aikawa gida. Zaman rubutun dai yana nan, an mayar da shi zawiya, har da shugaba da magatakarda. Na je na bana. Wani mai sabon agogo ya tashi ya ce dattawan unguwa ne suka assasa shi. Na ce wane dattijon? Aka ce in zauna.

Ban faɗi ƙarshen labarin matar nan tawa ba. Da alhazai suka zo shekarar da ta biyo, wani ɗan garinmu ya nemo ni. Takarda ta isa, ta gama idda, an sake ɗaura musu aure, ta koma ɗakinta wurin 'ya'yanta. Ya ce ta ba shi saƙo, amma na mai zanen ne. Na kai shi. Alhaji na yanka albasa, ya miƙe tsaye da wuƙar a hannu kamar wanda za a yanke wa hukunci.

Mutumin ya ce, "Ta ce a gaya maka wata goma sha huɗu ka ci mata, ba ta yafe ba tukuna. Amma ta ce da can ko da yaushe tana mafarkin kabari a Sudan, yanzu ta daina. Ta ce ka sa wannan a gefe ɗaya, wancan a gefe ɗaya, ka auna da kanka."

Alhaji ya ce, "Na ji, na gode," ya koma kan albasarsa, yana ta sharar ido yana cewa albasar bana ba ta da mutunci.

Da muka fito na tambayi mutumin ko akwai nawa saƙon. Ya ce babu. Na ce ya dai tuna, hanya da nisa, mutum kan manta. Ya tsaya ya yi tunani, tsakani da Allah ya yi, sannan ya ce a'a, babu.